Waɗanda Kyamara Ba Ta Kallo

A Ruwan Godiya, kamar sauran garuruwan Faskari, Sabuwa da Ƙanƙara, da wuya ka sami matashin da bai san fuskar Ali Nuhu ko ta marigayi Rabilu Musa Ibro ba. Amma tambaye shi wanda ya ɗauki hoton ko ya tace shi, sai ya yi shiru. Da zarar sunaye sun fara hawa a ƙarshen fim, an rufe waya.

A kan waɗannan sunaye nake so mu tsaya yau. Tun daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, masana'antar Kannywood ta tsayu ne a kan mutanen bayan fage, kuma yawancinsu ba a aji suka koyi aikin ba. Yaro kan fara da ɗaukar akwati da jan wayar janareta, ya koma riƙe fitila, sai bayan shekaru a yarda ya taɓa kyamara. Wani kuwa aikinsa tunawa ne: hular da jarumi ya sa a fitowar jiya, ita zai sa yau, ko da a labarin minti ɗaya ne tsakani. In ya manta, sai a sake ɗauka.

Da satar fasaha da tura fina-finai a waya suka durƙusar da kasuwar faifai ta Ƙofar Wambai, aiki ya koma YouTube da tashoshi irin su Arewa24, wadda ta fara a 2014. Jarumi yana da talla da mabiya da zai dogara da su. Mai haske ba shi da komai sai ladan da aka yanka masa da baki. Ranar da ya kwanta ciwo, sai karo-karo.

A ganina, gyara biyu ne suka wajaba. Ƙungiyar MOPPAN ta tsaya a kan rubutacciyar yarjejeniya ga kowane ma'aikaci. Hukumar Fina-finai ta Ƙasa kuma, wadda Ali Nuhu ke shugabanta tun Janairun 2024, ta buɗe gajerun kwasa-kwasai a makarantarta ta Jos domin waɗanda suka ƙware ba takarda.

Matasanmu da rashin tsaro ya raba da gona suna tafiya Kano neman abin yi. Wanda ya faɗa wannan sana'a ya cancanci ta riƙe shi har tsufa.