A Ba Yaran Limawa Makirufo da Biro

Duk daren da ake buga Firimiya, da wuya ka shiga gidan kallon ƙwallo a Limawa da ke Yola ba ka tarar da wani yaro a bencin gaba ya ƙwace sharhin ba. Janareto na ruri a waje, Bature na zuba Turanci a akwati, amma kunnen jama'a na wajen yaron. Ɗan wasa ya ɓarar da fanareti, kafin a maimaita hoton yaron ya riga ya laƙaba masa suna, ya fara da Hausa ya ƙarasa da Fulatanci, har waɗanda aka ci suna riƙe ciki. Gari na wayewa kuma, a majalisa a kira shi marar aikin yi. Wannan ne ya ci wa shafin nan rai a makon nan.

An manta da Usman Baba Pategi ke nan? Ɗan gidan sarautar Pategi ne, ya yi aiki a gidan rediyo da talabijin na Kaduna, ya shiga soja lokacin yaƙin basasa, sannan ya ɗauko rayuwar bariki ya mayar da ita wasan kwaikwayon Samanja. Hausar nan da yake cakuɗawa da Turancin soja, wadda ta sa har kuratan kansu dariya, tsara ta ake yi, a san inda tsawa za ta faɗo da inda za a yi shiru. Da ya rasu a Nuwambar 2023 kowa ya yi ta yabo. Haka aka yi wa Rabilu Musa Ibro a 2014, da Kasimu Yero a 2017. Mun iya ta'aziyya, rainon na baya ne ya gagare mu.

Kasuwar kuwa tana nan. Shirin Gidan Badamasi ya tara iyalai a gaban Arewa24 saboda akwai marubuci zaune a bayansa. Sashen Hausa na BBC ya daɗe da nuna cewa mai shayi da ɗan Keke Napep za su kasa kunne ga sharhin ƙwallo kai tsaye da harshensu.

Za a ce wasu yaran bakinsu ba linzami. Gaskiya ne, don haka ake da edita.

Yola na da tashoshin ABC, da ATV, da Gotel, da Fombina. Jihar na da Adamawa United, wadda magoya bayanta da yawa sun fi sanin 'yan bencin Arsenal a kan masu tsaron bayanta. Wannan abin kunya ne, kuma namu ne duka. Rabin awa a ranar Lahadi bai fi ƙarfin kowace tasha ba. A ɗauko yaro daga bencin gidan kallon nan, a haɗa shi da tsohon ɗan jarida ya koya masa rubuta abin da zai faɗa, a tura shi filin wasa, a sa sunansa a ƙarshen shiri, kuma a biya shi kuɗi a hannu, ba "Allah ya yi albarka" ba.