Wanda Ya Riƙe Majigi Shi Ya Riƙe Tarihi

Ya ku 'yan'uwa talakawa da 'yan kasuwa, kun san ba a barin mai bin bashi ya riƙe littafin lissafi shi kaɗai. To, irin wannan cuta aka yi mana a sha'anin silima.

A 1934 ministan Faransa Pierre Laval ya kafa doka cewa ba mai ɗaukar fim a ƙasashen Afirka da suke mallaka, har da Nijar, sai gwamna ya yarda. Wani Bafaranshe, René Vautier, ya ƙi bin dokar, ya ɗauki hoton aikin tilas da ƙauyukan da soja suka rusa, ya kira fim ɗin Afrique 50. Ladansa ɗaurin shekara guda, fim kuwa aka kulle shi shekara 40 da 'yan kai. A 1955 Paulin Vieyra da abokansa, da aka hana su ɗauka a gida, sai a Paris suka yi fim nasu. Ashe baƙar fata ya isa ya ɗauki kayan Bature, bai isa ya ɗauki hoton garinsu ba!

Samun mulkin kai bai kawar da ta'adar ba. Ran 1 ga Disamba 1944 a barikin Thiaroye kusa da Dakar, an bindige sojojin Afirka da suka yi wa Faransa yaƙi, don kawai sun nemi kuɗinsu. Sembène ya yi fim a kai a 1988, aka shekara goma ba a nuna shi a Faransa ba. Sai a 2024 shugabansu ya amsa cewa kisan gilla ne.

Mu a nan me majigin Ingilishi ya nuna mana? Wanke hannu da biyan haraji. Yau jikanka in ya nemi hoton kakansa, sai ya gan shi yana faɗuwa gaban Joji. Ranar da ya ƙi jangali ba wanda ya ɗauka. Abin da ido bai gani ba, in tsofaffi suka ƙare, sai a ce ƙarya ne.

Saboda haka duk hukumar da ta ce ta hana fim domin ta tsare mu, mu tambaye ta: wa ake tsarewa, mu ko masu mulki? Tsofaffinmu da suka rage kuwa, ku ɗauki labarinsu da wayoyinku tun suna da rai.