Limanci ana gadonsa, gonar masallaci fa?

A watan Yulin 2020 Kotun Ƙolin Indiya ta yanke hukunci a kan ɗakin bautar Padmanabhaswamy na mabiya addinin Hindu da ke jihar Kerala, wanda a 2011 aka buɗe taskokinsa aka tarar da zinariya da duwatsu masu daraja jibge. Abin da ake jayayya a kai shi ne wa zai riƙe wurin, gwamnatin jiha ko zuriyar sarakunan Travancore da suka gaji hidimarsa. Kotu ta ce mutuwar sarkinsu na ƙarshe a 1991 ba ta kashe haƙƙin gidan ba. Sai dai ta ɗora kwamiti ƙarƙashin alƙalin gunduma a kan gudanarwa, ta kuma yi umarni a binciki lissafin shekara 25. Wato ta bar wa gidan martabarsa, ta sa ido a kan dukiyar.

Addininmu da nasu hannun riga ne, amma tambayar da ta kai su kotu tana nan kwance a garuruwanmu. A Gaya da Ajingi, kamar sauran ƙasar Kano, akwai gidajen da aka sani da limanci kaka da kakanni. Tare da limancin akwai abubuwan da suka taru a kusa da shi cikin shekaru: gonar da wani bawan Allah ya ba masallaci, filin Idi, gidan da liman ke zaune, shagunan da aka gina a jikin katanga. Da wuya a sami takardar ko ɗaya. Muddin dattijon da ya san asalinsu yana raye, babu mai ɗaga murya. Ranar da ya kwanta dama aka zo rabon gado, sai 'ya'ya su ce gonar mahaifinsu ce tunda shekara arba'in shi ke nomanta, jama'a kuwa su ce don limanci aka ba shi ya ci amfaninta.

Ra'ayina shi ne a daina cakuɗa abu biyu da shari'a ta raba. Hidima tana iya zama a gida ɗaya, dukiyar masallaci kuwa ba ta shiga gado.

Masu son a soke gadon hidima gaba ɗaya su tuna da mabuɗin Ka'aba. A shekarar da aka buɗe Makka, ta 8 bayan Hijira, Annabi (SAW) ya mayar da shi hannun Usman ɗan Ɗalha, kuma har yau yana wurin danginsa, Banu Shaiba. Gidan limanci ma yana da amfanin da kwamiti ba zai iya sayowa ba. Ɗan da ya tashi yana ganin mahaifinsa na sulhunta ma'aurata da sallatar gawa ya san jama'arsa gida-gida. Sharaɗin dai shi ne cancanta, domin a fiƙihu ilimi da karatu ne ke gabatar da mutum limanci, nasaba tana biyo baya.

Dukiya kuwa hukuncinta a fili yake. A mazhabar Malikiyya abin da aka yi hubusinsa, wato waƙafi, ba a sayar da shi, ba a kyautar da shi, ba a gadonsa. Mai kula da shi amana ce a hannunsa, yana bin sharaɗin wanda ya bayar, in ya ci amanar alƙali ya cire shi. Tsarin mulkin 1999 ma, a sashe na 277, ya sanya waƙafi cikin hurumin Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a. Saboda haka doka ba ta yi mana ƙaranci ba. Hujja ce ke ƙaranci, kuma alƙali da abin da aka kawo gabansa yake hukunci.

Za a ce ai fada tana nan, ita ke naɗa limaman Juma'a bisa al'ada, ita ke kashe irin wannan wuta tun ba ta kai kotu ba. Haka ne, kuma ta daɗe tana yi. Amma mu dubi abin da ya sami Gaya kanta. A 2019 gwamnatin Abdullahi Ganduje ta ɗaga ta zuwa masarauta mai daraja ta ɗaya. A watan Mayun 2024 gwamnatin Abba Kabir Yusuf ta rushe dokar. Bayan wata biyu aka dawo da ita a daraja ta biyu, da ƙananan hukumomin Gaya, Ajingi da Albasu. Cikin shekara biyar, ƙofar da ake kai ƙarar limanci ta sauya sau uku. Amanar da ta dogara ga wanda ke kan kujera kaɗai, duk girgizar da ta taɓa kujerar sai ta taɓa ta.

Miƙa komai ga gwamnati ma ba mafita ba ce. Jihar Tamil Nadu ta Indiya ta daɗe tana riƙe da dubban ɗakunan bauta ƙarƙashin dokar 1959, amma a 2014 Kotun Ƙoli ta mayar da na Chidambaram ga malamansa na gado, tana mai cewa hukuma na iya shiga ta gyara ɓarna, ba ta zauna dindindin ba. Mu da muke ganin yadda mumbari ke zama abin zawarci duk lokacin zaɓe mun fi kowa sanin haɗarin liman ya koma ma'aikacin shugaban ƙaramar hukuma.

Abin da ya rage aiki ne mai sauƙi, mai gundura, wanda ya fi dacewa da masu karanta wannan wasiƙa. Kowane masallacin Juma'a ya rubuta abin da ya mallaka, da sunan wanda ya bayar da sharaɗinsa, dattawan da suka shaida su sa hannu tun suna raye. Filayen karkara a nema musu takardar mallaka daga ƙaramar hukuma, kamar yadda dokar filaye ta 1978 ta tanada, kuma da sunan masallaci, ba da sunan liman ba. A ajiye kwafi a fada, a kai wani ga Hukumar Zakka da Hubusi ta jiha. Kuɗin haya da na asusu a karanta lissafinsu a gaban jama'a sau ɗaya a shekara. A kuma yanka wa liman haƙƙinsa a bayyane, har da abin da za a yi wa iyalinsa bayan ransa, domin sau da yawa tsoron a tashi marayu daga gida ne ke sa magada su riƙe abin da ba nasu ba.

Lauyoyi da akantoci da masu awon filaye 'yan asalin Gaya da Ajingi suna da yawa a Kano da Abuja, kuma ba sa ƙyashin aika kuɗin tayil da lasifika. Yini biyu na hutun Sallah da za su ba wannan rubutu ya fi wa masallacin garinsu amfani, ya kuma fi wa gidan liman rufin asiri.