RA'AYINMU: A DUBI DATTAWA A SHARI'AR CEK

Tun shekarar 1977 Gwamnatin Soja ta Janar Obasanjo ta kafa doka mai lamba 44 don maganin masu ba da cek alhali sun san babu kuɗi a ajiyarsu ta banki. Dokar ta ce duk wanda ya karɓi kaya ko bashi da irin wannan cek, aka kai shi banki cikin wata 3 ya dawo, hukuncinsa ɗaurin shekara 2 ne ba zaɓin tara. Dokar tana nan har yau. Abin da ya dame mu shi ne yadda ake jan irin wannan shari'a, musamman idan mai ƙara tsoho ne.

Mu ɗauki Suleja ta Jihar Neja. Gari ne na ciniki a bakin Abuja, kuma 'yan'uwanmu da yawa mazauna Agege, Idi-Araba da Sabon Ibadan suna da hulɗa da shi. Dattijo ya ba da hatsi ko shanu, an rubuta masa cek, banki ya mayar. Ya kai ƙara. Daga nan sai zirga-zirga. Ya yi tafiyar yini guda daga Ikko, ya isa kotu da ƙarfe 9 na safe, ya tarar an sa shari'u da dama a wannan sa'a ɗaya. Ya zauna a benci har azahar, sannan a ce lauya bai zo ba, an ɗage sai bayan wata biyu. Ga hutun kotu na shekara-shekara. Ga yajin aiki, irin na 2021 da ma'aikatan shari'a suka rufe kotunan ƙasar nan wata biyu. In kuwa an canja alƙali, sau da yawa sai a faro daga farko.

Saurayi yana iya jure wannan. Mai shekara 70 fa? Kuɗin mota kaɗai yana iya cinye abin da yake bi. In ya kwanta ciwo ko rai ya yi halinsa, babban mai shaida ya tafi ke nan, magada kuma su rasa bakin zaren. Macuci ya san haka, shi ya sa ɗage shari'a yake yi masa daɗi.

Shari'ar cek kuwa ba ta da sarƙaƙiya. Ga takardar, ga sa hannu, ga hatimin banki. Tsarin mulkin 1999 ya ce a saurari kowa cikin lokacin da ya dace, a kuma yanke hukunci cikin kwana 90 bayan rufe jawabai. Dokar shari'ar laifuka ta 2015, wadda kotunan Abuja ke aiki da ita, ta hana kowane ɓangare neman ɗagewa fiye da sau 5. A Indiya ma doka ta nemi a ƙoƙarta gama shari'ar cek cikin wata 6.

Saboda haka muna kira ga hukumar shari'a ta Jihar Neja da ta yi abu uku. Na ɗaya, a riƙa fara kiran shari'ar tsofaffi, a kuma ɗauki shaidarsu tun zaman farko. Na biyu, a ba kowace shari'a sa'arta. Na uku, in kotu ba za ta zauna ba, magatakarda ya sanar ta waya kafin mutum ya hau mota. Lauyan da ya jawo ɗagewa ba dalili kuwa, a sa shi biyan kuɗin tafiyar.

Ku kuma 'yan kasuwa, bashi hanji ne, amma a kula. Kada ku bar cek ya wuce wata 3 a aljihu, kada ku saki kaya mai yawa sai kuɗi sun shiga, ku adana takardar da banki ya mayar. Allah ya sa hukuma ta ji.