WA YA CE SUN ƘARE?

Kwanan baya muna hira a ɗakin kwana sai wani abokinmu ya ce ai mutanen asali na Amurka sun ƙare ƙaƙaf, sai dai a gan su a majigi. Na ce masa wannan magana ba tasa ba ce, gadonta ya yi daga littattafan waɗanda suka ƙwace ƙasar, kuma ƙarya fure take yi, ba ta 'ya'ya.

Ga misalin kabilar Ohlone da ke kewayen San Faransisko a Kalifoniya. Turawan Sifen sun kafa gidan mishan na Santa Clara a 1777, suka tattara mutanen nan, suka yi musu baftisma, suka sauya musu suna, suka sa su noma da kiwo. Cututtuka da wahala sun kashe dubbai, wannan ba mai musunsa. A 1925 wani shahararren masani, Alfred Kroeber, ya rubuta cewa a iya cewa kabilar ta shuɗe. A 1927 kuma wani jami'in gwamnati ya cire jama'arsu ta Verona daga jerin waɗanda za a saya wa fili. Jama'a, ku dubi amfanin ƙaryar: wanda aka ce ya mutu ai ba ya neman gonar ubansa.

To, amma gani ya kori ji. Da masu binciken kufai suka tona unguwar da Ohlone suka zauna a mishan ɗin, a harabar Jami'ar Santa Clara ta yanzu, sai ga kibau na baƙin dutse mai ƙyalli, irin wanda ake samowa daga wurare masu nisa kamar kwarin Napa. Sai ga dubban duwatsun wuya da aka fafe daga katantanwar teku, waɗanda suke ado da ciniki da makoki da su. Wa ya kawo dutsen in ba hanyoyin zumunci da fatauci na nan a raye ba? Lee Panich ya tattauna irin wannan shaida a littafinsa na 2020. A 2022 kuma binciken ƙwayoyin gado, wanda kabilar Muwekma Ohlone ta sa hannu a cikinsa, ya danganta mutanenta na yau da waɗanda aka binne kusa da Sunol kusan shekara 2,000 da suka wuce.

Na san wani zai ce ai sun sa wando, sun ɗauki sunayen Sifaniyanci, saboda haka ba su ba ne. Ashe? Mu ma da bokon da Bature ya kawo nake rubuta wannan maƙala. Shin mun daina zama Hausawa ke nan? Me ya sa sauyi a wurinmu ci gaba ne, a wurinsu kuwa mutuwa?

Duk da haka, a 2002 gwamnatin tarayyar Amurka ta ƙi amincewa da Muwekma a matsayin kabila. Alƙalamin masani ne ya taimaka aka binne su da rai, kuma mu ma masu riƙe alƙalami ne gobe. Kafin ɗayanmu ya rubuta cewa wata al'umma ta shuɗe, ya je ya tambayi jikokinta tukuna. Allah ya sa mu gane, amin.