Baƙuwar Da Ta Saye Gari Guda

Yau ba ci-gaban littafi na zo da shi ba, wani fim ne ya tsaya mini a rai tun da muka kalle shi a gidan yayata da ke Nassarawa GRA.

Sunansa Hyènes, wato Kuraye. Djibril Diop Mambéty ɗan ƙasar Senegal ne ya shirya shi a 1992. Wata tsohuwa, Linguère Ramatou, ta dawo garin Colobane bayan shekara 30, ta zama baƙuwa a mahaifarta, ga dukiya kamar ƙasa. Talauci ya ci garin, aka tarbe ta da murna. Ta ce za ta azurta kowa, amma da sharaɗi ɗaya: a kashe Dramaan Drameh, mai kantin da ya yi mata ciki tana yarinya ya musanta. Mutanen gari suka ce Allah ya kiyaye! Ba a jima ba suka fara cin bashi a kantinsa, kowa da sabon takalmi. Da me za su biya?

A nan dariyata ta tsaya. Hausawa na cewa baƙo raɓa ne, to wannan raɓar ba ta kawo mugunta ba, a garin ta same ta. Farashi kawai ta sa mata.

Ra'ayina shi ne masu fim ɗinmu sun yi sake da irin wannan barkwanci mai ɗaci. Ba baƙonmu ba ne. Tun 1934 Abubakar Imam ya nuna mana a Ruwan Bagaja yadda Alhaji Imam da Malam Zurƙe ke shiga gari su yi wasa da hankalin mutanensa. Amma a yawancin finafinanmu ɗan ƙauye ake yi wa dariya, mu 'yan birni mu tashi da tsarkinmu.

Wani zai ce tsoro ne, tunda a 2008 an ɗaure marigayi Rabilu Musa Ibro wata biyu a Kano kan fim ɗin Ibro Aloko. Haka ne. Sai dai Kuraye ba su zagi kowa ba, 'yan kallo suka tuhuma.

Ku tuna lokacin zaɓe, ranar da mai jakar kuɗi ya shigo unguwarku. Mutum nawa suka ce a'a har ƙarshe? Ni dai ban iya rantsewa a kan kaina ba.

Sai mun haɗu a rubutu na gaba, in Allah ya kai mu.