Wasiƙa daga Shira zuwa ga ƙannena masu son fim



Ina kallon gajerun finafinan da kuke ɗauka da waya a Azare da Yana kuna ɗorawa a YouTube, na kuma san hankalin wasunku ya riga ya tafi Kano. Ba hana ku zan yi ba. Labarin wata mata nake so ku ji kafin ku hau mota.

Sunanta Zalika Souley, an haife ta a Yamai a 1947. Tana budurwa Moustapha Alassane ya sa ta a fim ɗinsa na kaboyi a 1966. Daga nan ta yi aiki da Oumarou Ganda, har fim ɗinsu Le Wazzou polygame ya ɗauki babbar kyautar bikin FESPACO a Wagadugu a 1972. Tana cikin matan farko a yankinmu da suka riƙi fim sana'a. Sau da yawa takan fito a mace mai zaman kanta ko muguwar kishiya, kuma ta iya ƙwarai, har mutanen gari suka kasa raba ta da matar da suka gani a majigi, suna zaginta a hanya. Da Rahmatou Keïta ta yi fim kan rayuwarta, wanda ya fito a 2004, sai ga wannan tauraruwa a gidan da ba famfo, tana fafutukar abin da 'ya'yanta za su ci. Daga baya ta tafi ƙasar waje aikatau. Allah ya yi mata rasuwa a 2021. Duk sanda na tuna wannan, raina yakan ɓaci.

Kada ku ce ai a Nijar ne, kuma zamanin da. A 2022 Ladin Cima, wato Tambaya, wadda iyayenmu suka sani tun wasannin talabijin, ta shaida wa BBC Hausa cewa naira dubu biyu zuwa biyar ake sallamarta da su. Wasu masu shirya fim sun musanta, suka faɗi abin da su suka ba ta. Aka yi ta cacar baki, maganar wannan da ta wancan, don sana'ar ta saba tafiya da baka.

Na san abin da ke rufe mana baki: kunya. An tarbiyyantar da mu cewa yarinya ba ta yi wa babba maganar kuɗi, ga furodusa kuma yana cewa taimakonki yake yi. To, mai man gyaɗa a kasuwar Yana ba ta miƙa kwalba sai an gama ciniki, kuma ba wanda ya taɓa kiranta marar kunya. Kafin ki sa kayan wasa, ki tambaya cikin ladabi: nawa ne, na yini ne ko na kowace fitowa? Wa zai biya kuɗin mota daga Azare? Ina za a kwana, kuma da su wa? Amsar ta zo a rubuce, ko da saƙon waya ne, ki adana. Idan fim mai dogon zango ne, a sake magana kowane zango, domin shi za a yi ta haska shi shekaru ana karɓar kuɗin talla, ke kuwa sau ɗaya aka sallame ki. Ki tabbatar an rubuta sunanki daidai, ki riƙe kwafin aikinki. In Kano za ki, ki yi rajista da Hukumar Tace Finafinai da ƙungiyar 'yan wasa. Kada ki bar makaranta ko ɗinkinki saboda fim ɗaya ya karɓu.

Game da fitowa a muguwa, ki karɓa in labarin na da ma'ana, don a nan ake gane gwana. Amma ƙasar Katagum kowa ya san gidan kowa. Ki zaunar da Inna da Baba ki ba su labarin tun daga farko har ƙarshe, su ji daga bakinki kafin maƙwabta su kawo musu guntunsa a waya.

Ku gaida mutanen gida.

Yayarku,
daga Shira